Akwatin Roba da Ƙwayoyi Sittin

A shekarun da na yi ina koyarwa a wata lakwal ta firamare a unguwar Lazaret, ajin ƙarshe aka ba ni, wanda muke kira se-em-de, ajin masu shirin jarrabawar sartifika. Daga Kalley nake zuwa kullum, inda gidanmu yake tun lokacin da kakana ya baro Damagaram da fataucin fata. In na samu taksi da wuri in isa kafin a buga ƙarfe, in ban samu ba in tarar da Direkta tsaye a bakin ƙofa yana duba agogonsa, yana ɗaga hannun sosai don kowa ya ga agogon.

Direktan namu gajeren mutum ne mai tumbi, kullum cikin kwat da karabat, ko da a tsakiyar bazara lokacin da kwanon rufin aji ke gasa mu kamar masara. Tarin makullai ne rataye a ƙugunsa, tun daga nesa ƙararsu ke sanar da zuwansa, yara su yi tsit. Faransanci kaɗai yake yi a cikin lakwal, kuma ba irin wanda mutane ke yi ba. Yana zaɓen kalmomin da sai ka koma gida ka buɗe ƙamus, ka tarar ma'anarsu ba ta wuce "ku share fili" ba. Hausa da Zabarmanci duk yana jin su sarai. Na taɓa tarar da shi a kasuwar Lazaret yana cinikin zabo da Hausar da ta fi tawa kaifi. Da ya gan ni sai ya gyara murya ya koma Faransanci, mai zabon ya bi shi da kallo.

A cikin darussan lissafi na wannan aji akwai na bolim, wato yawan abin da cikin wani abu ke iya ɗauka. Ana farawa da siffar da littafi ke kira pabe, siffar bulo ko kwali ko akwati. A shekarata ta farko na tambayi yaran ko wa ya san bolim. Hannuwa suka tashi da yawa, abin da ba su saba ba, har na ji daɗi. Wadda na nuna ta miƙe ta ce shi ne abin da ake murɗawa a rediyo in ana son ƙara ta ƙaru. Sauran suka gyaɗa kai. Ba ta yi ƙarya ba, da wannan sunan ta san shi a gidansu.

Littafin kuwa ƙa'ida kawai ya bayar: tsawo sau faɗi sau tsayi. Yaranmu gwanayen hadda ne. Kafin a tashi sun iya rera ta kamar waƙar biki, har da tafi a kan benci. Amma da na ajiye musu kwalaye biyu, ɗaya dogo siriri, ɗaya gajere mai faɗi, na ce wanne ya fi ɗaukar kaya, duk ajin suka nuna dogon, don ya fi tsayi. Wanda ya fi kowa iya rera ƙa'idar shi ya fi kowa rantsuwa a kan dogon.

Sai na je shagon yayan mijina a gefen Babbar Kasuwa na aro kwali guda na sabulun wanki, irin sabulun nan da tsawonsa da faɗinsa da tsayinsa duk ɗaya ne. Na juye shi a kan teburina, na sa yaran su mayar da shi cikin kwalin da hannunsu. Huɗu a jere, layi uku, ƙasan kwali ya rufe da sha biyu. Suka ɗora wani hawa, da wani, da wani, kwali ya cika da arba'in da takwas. Aji ya kaure da surutu, wannan na faɗa da Hausa, wancan na gyara masa da Zabarmanci, wata yarinya da ba ta taɓa buɗe baki a aji ba tana cewa ai ba sai an ƙirga duka ba, a ƙirga hawa ɗaya kawai a ninka. Ina tsaye ina kallonsu sai na ji ƙarar makullai.

Direkta ya tsaya a bakin ƙofa, ya kalli sabulun, ya kalli hannayen yaran, ya shaƙi iska kamar wanda ya shiga wurin da bai dace da shi ba. Ya yafito ni waje.

"Madam," ya ce, "nan lakwal ce ko reshen kasuwar Lazaret?"

Na ce, da kiran girmamawa irin na Faransanci, "Mushe Direkta, darasin bolim muke yi. Sun fi ganewa in sun taɓa."

"Da sabulu. Cikin harsunan gida. In insifekta ya shigo yanzu me zan ce masa? Ilimi yana da mutunci, Madam. A rubuta ƙa'ida a tabulo, a ja mata layi da jan alli, su kwafe a kayensu na rubutu. Haka aka koya mana, kuma ga mu."

Da ya ce "ga mu" sai da ya shafa karabat ɗinsa. Na mayar da sabulun shago a ranar. A shekarun da suka biyo baya na ci gaba da aro shi, sai dai ina jiran ranar da aka kira Direkta taro a cikin gari.

Wata shekara wata ƙungiya mai tallafa wa makarantu ta aiko mana kayan koyar da lissafi. Mota kat-kat ce, babbar nan mai shiga ko'ina, ta kawo su. Direkta ya tara malamai a bironsa, wato ofishinsa, ya buɗe babban kwalin a gabanmu a hankali, kamar mai buɗe kayan lefe. Akwai ma'aunai, akwai sikeli, akwai agogon kwali. A ƙasa kuma ga akwati na roba mai haske, ana ganin cikinsa, da buhun leda cike da ƴan ƙwayoyi masu kusurwa, ja da shuɗi da rawaya, waɗanda aka yi don a jera su cikin akwatin. Wato dai sabuluna ne da kwalina, sai dai waɗannan sun hau jirgin sama kafin su iso. Na miƙa hannu zan taɓa buhun, ya janye shi.

"Ba a buɗe ba tukuna," ya ce. "Kaya ne masu daraja."

Ya sa su a almuwar, wato kabad ɗin ƙarfe da ke bayan kujerarsa, ya kulle, makullan ƙugunsa suka ƙaru da ɗaya. Da lokacin darasin bolim ya zo na je na roƙa. Ya ce yara za su sace ƙwayoyin, ko su haɗiye. Na ce masa ƴan se-em-de ne, wasunsu sun fi ni tsayi. Ya ce to waɗannan ai sun fi haɗari. Malamar aji uku ta nemi sikelin, ya ce mata zai yi tsatsa. Agogon kwalin kaɗai ya fito, shi ma a bangon bironsa ya rataye shi don ado, hannayensa tsaye a wuri ɗaya.

Kayan suna nan kulle har shekara ta zagayo. Sai ga saƙo cewa mutanen ƙungiyar za su zo tare da insifekta su ga yadda ake amfani da su, kuma darasin bolim suke son gani, a ajina.

Ban taɓa ganin lakwal ɗinmu ta yi aiki irin na waɗannan kwanaki ba. Aka shafe bangon da ke kallon titi da farar ƙasa, aka bar sauran ukun yadda suke. Aka jera duwatsu a gefen hanya aka shafa musu fari. Aka aro tukwanen furanni daga gidan wani maƙwabci. Sannan Direkta ya shigo ajina ya ce shi da kansa zai ba da darasin, ni in tsaya a gefe in riƙa miƙa masa kaya.

Ajina ya haura yara tamanin, huɗu huɗu a benci, wasu a tabarma a gaba. Ya ce wannan ba zai yi kyau a foto ba. Ya karɓi sakamakon jarrabawar da ta wuce ya zaɓi na sama-sama, ya ƙara da ƴan mata biyu daga wani aji saboda suna da fara'a. Sauran ya ce musu ranar da baƙi za su zo hutu ne gare su, su zauna gida. Wasu suka yi murna. Waɗanda suka gane dalili suka sunkuyar da kai. Yarinyar nan irin wadda ke gane abu da hannu ba da baki ba, a kowace shekara ina samun irinta, ta wannan shekarar tana cikin waɗanda aka kora.

Na ce masa, "Mushe Direkta, waɗanda ka sallama su ne suka fi bukatar darasin."

Ya ce, "Madam, ba darasi ake zuwa gani ba. Lakwal ake zuwa gani."

A nan kam gaskiya ya faɗa, kuma ina jin ita kaɗai ce na taɓa ji daga bakinsa ba tare da ado ba.

Aka shiga gwaji. Ya fito da akwatin robar daga almuwar, amma buhun ƙwayoyin ya bar shi a ɗaure, ya ce a gaban baƙi za a yanke shi don su ga yadda muka adana. Bai lura ba cewa buhun da ba a taɓa buɗewa ba shi ne shaidar cewa ba a taɓa koyar da kowa da shi ba. Ya sa regil, sandar awo, ya auna akwatin: tsawo santimetir goma, faɗi takwas, tsayi shida. Ya ninka a tabulo, ɗari huɗu da tamanin. Ya raba wa yara rawar da kowa zai taka. Wannan zai faɗi tsawo, wannan faɗi, wannan tsayi. Wata za ta yi kamar ta yi kuskure, wani ya ɗaga hannu ya gyara mata cikin ladabi. Daga ƙarshe zai tambaya, "Ƙwayoyi nawa za su cika wannan akwati?" duk aji su amsa tare. Har yadda za su yi murmushi sai da ya gwada musu. Suka maimaita har masu tallan gyaɗa a bakin ƙofar lakwal suka iya amsar.

Ranar ta zo. Motoci biyu suka shigo suka tsaya kusa da tukwanen furannin aro. Insifekta ya fito, dattijo mai nauyin jiki da bai cika son tsayuwa ba. Sai wata mata ƴar ƙasarmu da ke shugabantar aikin ƙungiyar, da wani dogon Bature da zafi ya mayar da fuskarsa kamar tumatir, da mai ɗaukar foto. Yara suka miƙe suka gaishe su da murya ɗaya. Ajin ya yi fili, iska na shiga, kowa da bencinsa da bik sabo na rubutu. Ni kaina da na shiga sai na ji kamar na yi ɓatan hanya.

Direkta ya fara da jawabi a kan yadda waɗannan kaya suka sauya rayuwar lakwal ɗinmu. Sannan ya miƙo mini almakashi in yanke buhun. Na yanke, ƙwayoyin suka zubo a kan tebur. Da na ɗauki ɗaya na ji ta cika mini tsakanin yatsu, na san akwai matsala. Ƙwayar santimetir ɗaya ƴar mitsitsiya ce, kamar ƙwayar masara. Waɗannan sun kai girman dabino. Na matsa kusa da shi na ce a hankali, "Mushe Direkta, ka duba girman ƙwayoyin." Ya kaɗa mini hannu ta baya kamar mai korar ƙuda, fuskarsa na kallon baƙi yana murmushi.

Komai ya tafi yadda aka gwada. Tsawo ya miƙe, faɗi ya miƙe, tsayi ya miƙe. Mai kuskure ta yi kuskurenta, mai gyara ya gyara cikin ladabi. Direkta ya ɗaga akwatin sama ya yi tambayarsa, aji ya amsa har bango na amsawa: ɗari huɗu da tamanin. Insifekta ya gyaɗa kai. Mai foto ya durƙusa ya ɗauka.

Sai matar ƙungiyar ta ce, "Madalla. To ku zo ku cika shi mu gani."

Wannan ba ya cikin gwaji. Direkta ya ce lokaci ya ƙure, kuma an tanadi lemo a biro. Ta ce ba komai, lemon zai jira. Yaran kuwa ba su jira izininsa ba. Tun da aka yanke buhun idonsu ke kan ƙwayoyin nan masu launi, suka taso suka kewaye tebur. Biyar a jere. Layi huɗu. Ƙasan akwati ya rufe da ashirin. Suka ɗora hawa na biyu, suka ɗora na uku, akwati ya cika har baki, ba wurin da za a sa allura. Suka ƙirga da ƙarfi: ashirin, arba'in, sittin. Suka juyo suna kallon Direkta, suna kallon tabulo inda ɗari huɗu da tamanin ke zaune cikin jan alli, an ja masa layi biyu.

Gumi ya jiƙa wuyan rigar Direkta. Ya ɗauki akwatin ya girgiza shi, wai ko zai ƙara ɗauka. Ya leƙa ƙasan tebur. Sannan ya juyo gare ni.

"Madam, ajinki ne. Ki yi wa baƙi bayani."

Ajin da aka ƙwace mini tun kwanaki ya dawo hannuna a cikin numfashi ɗaya. Ban yi wa baƙi bayani ba, yaran na fuskanta. Na ba ɗaya daga cikinsu regil na ce ya auna gefen ƙwaya guda. Ya ce santimetir biyu. Na ce to in da muna da ƴan ƙanana masu santimetir ɗaya, nawa za su shiga cikin wannan guda? Wani ya ce biyu, wata ta ce huɗu. Na zana musu a tabulo, biyu a jere, layi biyu, hawa biyu. Suka ce takwas. Na ce to sittin sau takwas fa? Bik na motsi, sai murya ta fito daga baya: ɗari huɗu da tamanin. Na ga fuskokinsu sun buɗe. Lissafin bai yi ƙarya ba, tambayar ce aka yi ba tare da an duba abin da ke cikin buhu ba.

Ban ajiye alli ba sai na ji tafi a bayana. Direkta ne. Ya dawo tsakiyar aji, ya gyara karabat, launin fuskarsa ya dawo.

"Kun gani," ya ce wa baƙin. "Tarko ne na ɗana musu da gangan. Yaro ba ya koyo sai ya ci karo da abin da ya saɓa wa tunaninsa. Wannan ita ce sabuwar hanyar koyarwa, kuma mun daɗe muna bin ta a nan." Ya kira hanyar da wani dogon suna na Faransanci, ya maimaita shi sau biyu don mai rubutu ya samu.

Insifekta, wanda na tabbata rabin darasin a wayarsa ya yi shi, ya ce abin ya burge shi ƙwarai. Baturen ya yi tafi da dogayen hannayensa. Matar ƙungiyar ta kalle ni, ta kalli ledar buhun da ke ƙasa da sabon yankan almakashi, ta kalli Direkta. Ta gane komai, a idonta na gani. Sai ta yi murmushi ta ce a tara yara a yi foto da akwatin. Ita ma akwai waɗanda ke jiran ta koma ta ce musu kayansu sun yi amfani. Aka sa Direkta a tsakiya riƙe da akwati. Ni aka ce in matsa gefe kaɗan, inuwata na faɗawa kan yara.

Motocin ba su gama fita daga unguwa ba ya sa aka kwashe ƙwayoyin aka zuba a wata leda, ya ɗaure bakinta da kansa, ya mayar almuwar. Maƙwabci ya aiko a ɗauko masa furanninsa.

Washegari waɗanda aka kora suka dawo, aji ya koma yadda yake, huɗu huɗu a benci. Zaɓaɓɓun suna ta ba su labarin ƙwayoyi masu launi. Yarinyar nan da aka sallama ta zo gaban teburina ta ce da Hausa, ƙasa-ƙasa, "Madam, mu ma za mu gani?" Na je biro na roƙa. Direkta ya ce darasin bolim ai an riga an yi shi, jiya, a gaban insifekta, kuma an yaba. A wuce zuwa na gaba. Da yamma na bi ta shagon yayan mijina. Ya gan ni ya yi dariya ya ce, "Amarya, yau ma wanki za a yi a lakwal?" Ya sa aka ɗora mini kwalin a taksi.

Ba a daɗe ba aka ɗauke Direkta daga lakwal ɗinmu aka ƙara masa girma, ya zama mai ba malamai shawara a kan hanyoyin koyarwa. An ce ziyarar nan ce ta ɗaga shi. Abokan aikina da suka halarci horon da yake bayarwa sun ce yana tsayawa ya yi awa guda yana faɗa musu cewa dole yaro ya taɓa abu da hannunsa, kuma malamin kirki ko da kayan kasuwa zai iya koyarwa, ko da sabulu ne. Almuwar kuwa ya bar ta kulle, da makullinta ya tafi. Wanda ya gaje shi sai da ya kira maƙeri.

Na sake haɗuwa da shi bayan na bar koyarwa, a wani suna a Kalley. Ya tsufa, ya bar kwat ya koma babbar riga, Hausarsa ta dawo tas. Yana zaune a ƙofar gida cikin maza, ni ina wucewa zan shiga wurin mata, sai ya gane ni ya kira ni. Ashe labarin yake ba su. Ya ce, "Ga ma shaida. Hajiya tana ƙarƙashina a lokacin, ni na horar da ita. Hajiya, ki faɗa musu ranar da na ɗana wa yara tarko a gaban Turawa."

Bature ɗaya ya zama Turawa. Mazan suka juyo suna jira. Na gaishe su ɗaya bayan ɗaya, na tambaye shi iyali da jiki, ya ce lafiya lau. Ya sake cewa in faɗa musu.

Na ce, "Ina wurin, Mushe Direkta."

Ya juya gare su da fara'a ya ce, "Kun ji ko." Na shige cikin gida, na tarar an fara rabon masa.